Abin da Muka Goge a Ɗakin Inna Cima

Ku yaran nan da kuke cika mini shago da wayoyinku, kuna cewa ɗaukar bidiyo ba wani abu ba ne, danna maɓalli ne kawai, ku matsa ku ba mutane hanya, sannan ku saurara. Ni Iliya na fi shekara talatin ina saɓe da kamera a Madawa da ƙauyukanta, har kafaɗata ta dama ta fi ta hagu sauka, ku tambayi telana. Danna maɓalli kam, ko akuya ta taka waya za ta iya. Sanin wanda za ka ɗauka da lokacin da za ka kashe shi ne ya cinye mini ƙuruciya, kuma har yau ban ce na gama koyo ba.

Wurin Nomau mai hoto na koya, a wani ɗan shago kusa da tasha. Shekara biyu ina bin sa da batirin moto a ka, igiyar wuta a hannu, kafin ya yarda in sa idona a kamera. Kamerar wancan zamani ta kaset ce, nauyinta ya kai na ɗan rago, kuma ba ta shiri da rairayi ko kaɗan. In za mu hau moto sai mun naɗe ta da zane biyu, kowace safiya kuma a goge kanta da auduga da alkol, ruwan nan da ake wanke ciwo da shi. Kafin a fara aiki sai an nuna mata farar hula ta san fari, in ba haka ba duk mutanen biki su fito kore-kore. Nomau ya koya mini in ba rana baya, in ƙara buɗe idon kamera idan baƙin mutum ya naɗa farin rawani, don kada rawani ya fito fuska ta ɓace. Ya hana ni ɗaukar mutum da loma a baki, ya hana ni haɗa suruki da surukarsa a hoto ɗaya. Bai taɓa dukana ba, amma in ya dube ka ta saman tabarau ka gwammace bulala.

Abin da ba ku sani ba shi ne, masu ba mu aiki yawanci ba sa wurin bikin. A Adar da an gama girbi maza sai su kama hanyar biɗa, wato neman kuɗi, wasu Abijan, wasu Libiya, wasu Najeriya. Wani ya yi rani ɗaya ya dawo, wani ya yi shekara goma. A haifa wa mutum ɗa yana can, a aurar da ƙanwarsa yana can. Shi zai aiko a kira mai kamera, mu ɗauka, mu juye kaset, mu ba direban babbar mota ya kai masa. Su taru su goma a ɗaki ɗaya su kalla, ba don kiɗa ko rawa ba, don su ga wa ya zo, wa ya tsufa, wa ya rame, wa ba ya nan. Shi ya sa Nomau ya kafa mini doka: duk wanda ya zo sai an gan shi, kowace fuska kuma ka tsaya a kanta numfashi uku kafin ka wuce. Ko mutum ya gama magana, ka ƙara masa numfashi uku, don ba a yanke wa mutum baki.

Sunan da na fara ɗauka ni kaɗai a Urno ne. Na ɗauki rago, na ɗauki wanzami, na ɗauki mata suna guɗa, na dawo ina ji da kaina. Ashe akwai wani tsoho, baffan uban jaririn, da ya laɓe bayan rumbu yana shan inuwa, ban gan shi ba. Kaset ya isa Libiya, uban ya duba ya sake dubawa bai ga baffansa ba, sai ya ɗauka ƙin zuwa tsohon ya yi, ya daina aiko masa da gaisuwa. Bayan wata biyar labari ya zo kunnen Nomau. Makullin moto kawai ya miƙo mini. Na koma Urno cikin zafin bazara, na zaunar da tsohon bayan rumbun nan, jariri a cinyarsa har ya fara zama, ya faɗa da bakinsa cewa ya zo kuma ya ci nama. Tun daga ranar nake zagaya gida sau biyu kafin in kunna kamera.

Shekarar da ta fi ba ni wuya ita ce wadda ruwa ya ɗauke gero yana fidda kai. Aka ɗaga aure, suna kuma sai dabino da addu'a. A shekarar ce kuma wayoyi masu kamera suka cika gari, kowane ɗan biɗa ya aiko wa gida da ɗaya. Nomau ya riga mu gidan gaskiya, shago yana hannuna. Na kwashe injinan juye kaset daga kan tebur, na koma ina sa wa mutane wuta a waya, wato caji. Ba zan ɓoye muku ba, na yi baƙin ciki, abin da ya kashe mini sana'a shi nake ciyarwa daga safe har yamma.

A cikin wannan rani ne wani direba da ke aiki da masu gyaran ƙasa a Keita ya shigo mini da baƙuwa. Lokacin hanya lafiya lau, baƙo yana yawonsa ba rakiya. Sunanta Lusiya, daga ƙasar Meksiko, wadda sai da ta nuna mini a taswira na san inda take. Ba za ta wuce shekara ashirin da biyar ba, gajera, fatarta irin ta Buzaye, Faransancinta kuwa ya fi nawa karyewa, shi ya sa muka fahimci juna da wuri. Gama makarantar fim ɗinta ke nan. Abu ɗaya ta taɓa yi, wani gajeren fim a kan ƙauyensu, inda ta ce su ma maza arewa suke tsallakawa neman aiki, su bar mata da gonar masara. Ubanta ma haka ya tafi tana goye. Ta ji labarin matan Adar masu fasa dutse suna jera shi a gangaren tudu don tare ruwan sama alhali mazansu na can, sai ta ce wannan ne zai zama fim ɗinta na farko na gaske. Kamerar aro ce daga makarantarsu, kwana goma sha biyu gare ta, kuma ta gaya mini ƙarara cewa in ta koma ba abin kirki, ba mai sake ba ta aron kamera. Tana neman wanda ya san kamera, ya san Hausa, ya san mutane.

Na zaɓa mata ƙauyen su mahaifiyata, gabas da Garhanga. A nan na tafka kuskuren da har yau in na tuna nake dariya ina jin kunya. Na riga ta zuwa da kwana ɗaya, na gai da mai gari, na bi gida-gida na ce gobe kamera za ta zo. Ban tambayi Lusiya wa zai kalli fim ɗin ba, don ni a sanina kamera hanya ɗaya take bi, daga gida zuwa wurin 'yan biɗa. Su ma matan haka suka sani. Da safe muka hau tudu, muka tarar da mata kusan arba'in cikin atamfar Sallah, da kwalli da lalle da 'yan kunne, kowace ta ɗauki ɗan dutsen da bai fi dunƙulen fura ba, tana kallon kamera tana murmushi. Lusiya ta ɗora hannu biyu a ka.

Kwana biyu tana fama. Har ta liƙe 'yar jar fitilar kamera da baƙin salatif don kada su san lokacin da take ɗauka, duk a banza. Rana ta uku ta tambaye ni wa ya gaya musu, na ce ni ne, ai ladabi ne. Sai ni ma na yi tambayar da ya kamata in yi tun a Madawa. Ta ce mutanen ƙasarsu ne za su kalla a manyan ɗakunan kallo, in an yi sa'a da na wasu ƙasashe. Abijan ba ta cikin maganar. An ce matambayi ba ya ɓata, ni kuwa da ban tambaya ba na ɓata a ƙauyen uwata.

Ni na ƙulla, dole ni zan warware. Na tara matan na gaya musu gaskiya, suka saurare ni. Wadda ta amsa ita ce Inna Cima, aminiyar mahaifiyata, tsohuwa mai ƙarfin ƙashi wadda ba ta iya kewaye-kewaye ba.

"Ili, kai ma ka san wanga ba daidai ba na. Mu hito cikin tsumma baƙi su gan mu, namu da ka can ba su gan mu ba? Ku kwashe abinku."

Washegari suka koma tsummansu suka ci gaba da aiki, amma da sun hango mu sai su ajiye dutse su zauna su ba mu baya. Kwana biyu suka tafi a haka. Lusiya ta daina cin tuwon kirki, sai shayi. Na ce mata a fara da masu gida: a ba su yini guda, kowace mace ta zauna ta aika saƙonta, mu zuba a 'yan katin waya mu ba direbobi. Ta ce za ta yi asarar yini, na ce ai ta riga ta yi asarar biyar. Na kai wa Inna Cima maganar, ta ce in an yi haka, su ma za su bar baƙuwa ta ɗauki abin da take so.

Ranar saƙo ni na riƙe kamera, marar nauyi kamar ƙwaryar fura. Lusiya ta riƙe sandar makirfo, ta sa abin ji a kunne. Muka kafa a gindin wata tsamiya tun hantsi. Wata ta ɗaga jariri ta juya shi gaba da baya uban ya gani. Wata ta zazzage wa mijinta faɗa tas, sannan ta ce a goge a sake, ta sake da faɗan da ya fi na farko. Wata amarya ta kasa cewa komai, ta yi ta wasa da bakin mayafi, na ba ta lokacinta. Lusiya ba ta jin ko kalma ɗaya, amma na lura ta daina duba agogo.

Inna Cima ce ta ƙarshe, ta ce a zo ƙofar ɗakinta bayan la'asar. Ɗanta na fari, Abdu, ya shekara goma sha huɗu a Abijan, yana aiko da abin da ya samu amma bai zo ba. Kun san uwa ba ta kiran sunan ɗan fari, ba ta kuma nuna ta damu da shi. Inna Cima kuwa irin mutanen da ce sosai, ko a bayan idonsa "wancan na kurmi" take cewa, wato na can kudu. Ta zauna a 'yar kujera, ta gyara mayafi, ta ba da saƙo a bushe: a ce wa wancan hatsi bai yi ba bana, jar akuya ta haifi biyu, bangon zaure ya faɗi, kowa lafiya. Sannan ta ce, "Shi ke nan, kashe abinka."

Na ɗauke idona daga kamera na miƙe tsaye, amma yatsana bai danna ba. Hannu ya saba da ƙarin numfashi uku, jar fitilar da za ta nuna ana ɗauka kuma tana liƙe. Inna Cima ta zaci an kashe. Ta tsaya tana kallon gilashin kamera, fuskar nan tata ta saki, ta ce a hankali, "Abdu." Sau ɗaya. Sannan ta tashi ta shige ɗaki.

Ni da ƙyar na ji, amma Lusiya mai abin ji a kunne ta ji shi sarai. A hanyar masaukinmu ta tambaye ni mene ne wannan kalma ta ƙarshe. Na yi mata bayani, na gaya mata wataƙila tun ranar suna sunan bai taɓa fita daga bakin tsohuwar a gaban mutum ba. Ta tsaya cak a tsakiyar hanya. Ta ce abin da ta baro ƙasarsu tana nema ke nan, waɗannan daƙiƙa bakwai, sauran duk duwatsu ne da bayan mata, da wannan kuwa tana da fim. Na ce mata ba namu ba ne, tsohuwa ta ce a kashe ni ban kashe ba. Muka yi musu sosai. Ta ce fim ɗin ba zai taɓa zuwa Nijar ba, wa zai sani? Na ce ba ni ke da izini ba. Ta ba ni tausayi ƙwarai, don ni ma mai kamera ne, kuma a duk shekarun da na yi ban taɓa kama abu irin wannan ba. Muka tsaya a kan mu kai wa mai shi ta gani.

Da hantsi muka shiga ɗakin Inna Cima, Lusiya ta buɗe kwamfuta a kan tabarma. Tsohuwa ta ga kanta tana ba da labarin akuya, ta yi dariya ta ce ashe haka ta tsufa. Sai wurin ya zo. Ta ja mayafi ta rufe baki.

"Ili, ban ce ka kashe ba?"

"Kin ce, Inna."

"To mi yas sa?"

Na sunkuyar da kai. Lusiya ta roƙe ta, ni ina fassarawa, ban rage ko kalma ba don kada in ci amanar ɗaya daga cikinsu. Ta gaya mata labarin ubanta, ta gaya mata na kamerar aro, ta yi alkawarin ba wanda ya san ta da zai gani. Inna Cima ta saurara har ƙarshe, ta dube ta da tausayi, ta ce in gaya wa yarinyar Allah ya ba ta sa'a, amma wannan ba da mu ta yi ba. Na ce to ko a aika wa shi Abdun kaɗai.

"A'a. In wancan ya ji, cewa za shi yi mutuwa ta taho min, shi bar aikinai shi taso hannu wohi. Ku goge."

Lusiya ta dubi kwamfutar. Na ce ta kawo in goge, tunda ni na yi ɓarnar. Ta girgiza kai. Ta juya kwamfutar yadda tsohuwa za ta gani, ta yanke saƙon daidai kan "kashe abinka", ta ajiye shi, ta goge wutsiyar. Ta zaro katin kamera ta goge na ciki. Ni a nan na ɗauka an gama. Sai ta buɗe jakarta ta fito da wani ɗan akwati baƙi da take ajiye kwafin aikinta a ciki, wanda ni ban ma san ta juye a can ba, balle Inna Cima. Da ta bar shi a jaka ba mahalukin da zai sani. Ta jona shi, ta goge. Sannan ta fita ta zauna bayan ɗaki ta yi kukanta, tsohuwa ta bi ta da ƙwaryar fura.

Kafin azahar labari ya zaga ƙauye. A 'yan kwanakin da suka rage matan suka bar ta ta shiga ko'ina, wurin daka, bakin rijiya, kan tudu, ba mai gyara ɗankwali don ta. Ta samu abin da ta samu. Da ta haɗa fim ɗin ta aiko mini, mai kyau ne, amma ni da ita mun san inda ramin yake. Ta ce an nuna shi a 'yan wurare, bai yi wani tashe ba, sai dai ya isa a sake ba ta kamera. Yanzu tana aikinta, sunanta ya fara fita a can, kuma duk Sallah sai ta aiko mini da gaisuwa a waya da 'yar Hausarta ta "ina kwana" ko da yamma ne. Katunan saƙo kuwa duk na ba direbobi, har da na Inna Cima mai labarin akuya da bangon zaure.

Damina biyu bayan haka Inna Cima ta rasu, zazzaɓin kwana uku. Abdu bai samu jana'iza ba, sai addu'ar arba'in. A hanyarsa ta komawa ya biyo ta Madawa ya nemi shagona. Mutum ne da ya haura hamsin, furfura a gemu, hannuwansa duk kanta. Ya ce katin nan ya kalle shi har ya haddace, ko akwai saura a wurina, ko da inda take gyara zama ne. Na ce babu, kuma gaskiya na faɗa. Ya yi godiya ya ɗauki jakarsa.

Na bar shi har ya kai ƙofa ina ta saƙawa. Inna Cima ta ce a goge, an goge. Amma dalilin da ta bayar shi ne kada ya bar aikinsa ya taso, ga shi kuma ya riga ya taso. Na kira shi, na zaunar da shi a benci, na gaya masa duk yadda aka yi, har da laifina.

Ya ɗago ya dube ni.

"Da bakinta?"

"Da bakinta."

"Ƙaƙa tac ce? Abdu ko Abdullahi?"

"Abdu."

Ya ce shi tun da ya yi wayo bai taɓa jin sunansa a bakinta ba, har yana yaro yakan yi tsammanin ta manta da shi ne. Ya roƙe ni in faɗa masa yadda ta faɗa, da irin muryar. Na ce ni ba ita ba ne, muryata ta ƙato ce. Ya ce in dai gwada. Na sassauta murya iyakar iyawata na kira sunansa. Ya rufe ido.

"Sake," in ji shi.

Na sake.